Yadda Ake Zaman Mararraba: Ganawa Da Kai Ɗin Da Ya Bi Ɗaya Hanyar

Bari a fara da fayyace matsayin abin, don kada wani ya karanta rabi ya tashi neman fitila. Zaman Mararraba ƙirƙira ce. Ba ya cikin kundin kowane malami, boka bai san shi ba, ni ma ban gaje shi wurin kakana ba. Na tsara shi ne saboda marubuta labari da 'yan wasan daɓe, musamman matasanmu na Kaduna da suka soma ƙosawa da labarin uwar miji da kishiya, suke son taɓa irin labarin nan da mutum ke cin karo da kansa a wata duniya mai tafiya gefe da gefe da tamu. Waɗanda ake rubutawa yanzu ciwonsu ɗaya ne: jarumi ya kwanta barci, ya farka a can, ya ga kansa da mota da bene, ya riƙe baki, ya dawo. Babu doka, babu abin da ya biya. Mai karatu kuwa gabansa ba ya faɗuwa sai ya san akwai dokar da za a iya karyawa, ya kuma san abin da zai biyo baya.

Asalin wannan tunani daga ɗakin karatun kimiyya ya fito. A 1957 wani ɗalibin digirin digirgir a Jami'ar Princeton ta Amurka, Hugh Everett, ya kawo sabuwar fassara ga lissafin ƙwayar zarra da abin da ya fi ta ƙanƙanta. Lissafin yana nuna ƙwaya ɗaya tana iya kasancewa cikin hali biyu kafin a auna ta. Manyan fannin a lokacin sun tafi a kan cewa da zarar an auna, hali ɗaya ke tabbata, ɗayan ya shuɗe. Everett ya ce babu wanda ya shuɗe, dukansu sun auku, duniyar ce ta yi reshe, mai awon ma ya rabu biyu, kowanne yana kallon nasa sakamakon yana zaton shi kenan. Ba a kula shi sosai ba, ya bar jami'a ya koma yi wa harkar tsaron Amurka lissafi. Sai wajen 1970 wani masanin fannin, Bryce DeWitt, ya farfaɗo da maganar ya yayata ta da sunan duniyoyi masu yawa, kuma har yau masana ba su haɗu a kanta ba. Abin da marubuci zai riƙe shi ne, ko a wurin waɗanda suka yarda da ita, rassan ba sa jin ɗuriyar juna. Babu ƙofa tsakaninsu. Kai za ka sassaƙa ƙofar, kuma tunda ƙarya ce, to ta zama ƙarya mai tsari.

Sai kuma masu karatunka. Bahaushe ya tashi da sanin cewa da-na-sani ƙeya ce, ya kuma ji hadisin da ke cikin Sahihu Muslim mai hana mutum cewa "da na yi kaza da kaza ya faru", domin "da" tana buɗe aikin Shaiɗan. Da wannan zai shigo labarinka, saboda haka kada ka yi kamar ba ka sani ba. Ka bar wani a labarin ya faɗa wa jarumin haka a fuskarsa. Kuma shawarata, kada ka sa ayar Alƙur'ani ko addu'ar da aka ruwaito cikin ƙirƙirarren zama, kada ka aro sunayen iskokin bori. Waɗannan abubuwa ne da mutane suka ɗauka da gaske, kowa ta fuskarsa, ba kayan ado ba ne. Babu yanka, babu jini. Za ka ga ba ka ma buƙatarsu.

Mataki na farko: a gano mararrabar

Nan aikin yake, kuma nan aka fi yin ha'inci. Ba a zama a kan "da na yi karatu" ko "da an haife ni gidan masu kuɗi". Wannan buri ne, ba shi da rana, ba shi da wuri. Mararraba ita ce lokaci guda da mutum zai iya nunawa da yatsa: ranar kaza, a wuri kaza, hanya biyu a gabansa, kowacce yana da ikon bi, ya bi ɗaya.

Ga wanda za mu yi tafiya da shi har ƙarshe. Auta ne a gidansu a Tudun Wada, ma'aikaci a ɗaya daga masaƙun Kakuri. Duk ɗan Kaduna da ya manyanta ya san abin da masaƙun nan suke: tun daga 1957 da aka buɗe ta farko, su ne suka riƙe Kakuri da Makera, in an tashi aiki kekuna su cika titi. A farkon shekarun 2000 suka soma rufewa ɗaya bayan ɗaya, dubban magidanta suka wayi gari ba wurin zuwa. Jaruminmu na cikinsu. Wani abokinsa ya samo masa wuri a Legas, ya haɗa 'yar jakarsa, ya je tashar Mando, ya biya kuɗin mota, ya ɗora ƙafa ɗaya a kan matakala. Sai ya tuna tarin da ya baro Inna tana yi da asuba. Ya sauke ƙafar, ya koma gida. Bayan shekara ɗaya Inna ta rasu, cutar da aikin tiyata zai iya magancewa da akwai kuɗi.

Ka lura da ƙanƙantar abin: ƙafa ɗaya a kan matakala. Ka kuma lura cewa ba za ka iya ce masa ya yi kuskure ba, ba za ka iya ce masa ya yi daidai ba. Idan mararrabarka tsakanin sata ce da riƙon amana, wa'azi za ka rubuta, kuma tun shafi na biyu kowa ya san inda za ka sauka.

Garin nan cike yake da irinsu. Yarinyar da takardar samun gurbi a Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Kaduna ta iso mako guda da kawo kuɗin gaisuwarta. Yaron da aka kira tantancewa a makarantar horon hafsoshin soja, mahaifinsa ya ɓoye wasiƙar. Iyalin da suka kwashe kaya bayan rikicin watan Fabrairun 2000 suka tsallaka kogi, suka bar maƙwabcin da suka yi shekara ashirin suna aron turmi wurin juna. Kowace mararraba sau ɗaya ake zama a kanta. Ka faɗi wannan dokar tun da wuri, za ta yi maka amfani a gaba.

Mataki na biyu: mai riƙon zare

Ba a zama mutum ɗaya. Dole a sami wanda zai tsaya bayan ƙofa yana riƙe da zare, kuma sharaɗinsa biyu: ya san mai zaman tun kafin mararrabar, ya kuma zauna da shi bayanta. Wannan ya fitar da mata da 'ya'ya a mafi yawan labarai, domin sun zo daga baya. Ga Auta, yayarsa ce mace, wadda ta goya shi, wadda kuma ta yi wa Inna jinya tare da shi.

Ita ce za ta fara ƙi. "Auta, ka ji tsoron Allah. Inna kwananta ne ya ƙare, ko Makka ka kai ta ba za ta ƙara minti ɗaya ba." Ka bar ta ta yi gaskiya. Dalilin da zai sa ta yarda daga baya ka nemo shi a cikinta, kada ka ce kawai ya lallashe ta. Wataƙila ita ma tana da tambayar da take son a kai.

Aikinta uku ne. Ta riƙe zare, kada ta waiwaya ko me ta ji, sannan ta tanadi tambaya ɗaya a ranta wadda ba za ta faɗa wa kowa ba, har shi Autan. Za mu zo kan tambayar.

Mataki na uku: kayan zama

Kada kayan su zama irin waɗanda sai an je ƙungurmin daji. Abin ya fi ban tsoro idan duk za a iya haɗa su a Kasuwar Barci cikin yini ɗaya.

Tabarma biyu, ɗaya tsohuwa ta gidan, ɗaya sabuwa da ba a taɓa zama a kai ba. Madubi mai tsayin da zai nuna mutum daga kai zuwa gwiwa in yana zaune. Fitilar ƙwai da sabon lagwani, a zuba mata kananzir ɗan kaɗan, gwargwadon abin da zai ci kamar minti 20. Wannan shi ne agogon zaman, ba a shiga da na hannu, ba a shiga da waya, ba a kuma ƙara kananzir. Zaren ɗinki fari a kwarkwaro, kuma ga tsohon ma'aikacin masaƙa ai ka ga inda za ka samo shi, ragowar wanda ya fito da shi a aljihu ranar da aka rufe ƙofa. Tasa da ruwa.

Sai goro guda, lafiyayye, mai ɓari biyu. A duba da kyau. Akwai irin goron da ke ɓarewa gida uku ko huɗu, in aka shiga da shi baƙi biyu ko uku za su zo a kan tabarma ɗaya, kuma wannan labari ne na daban, mai kyau ma, amma ba na masu fara koyo ba.

Na ƙarshe shi ne shaida, wato wani abu da ya kasance a jikin mutum ko a hannunsa ranar mararrabar. Na Auta rasiɗin motar Legas ne da bai shiga ba, ya yi laushi saboda ninki, tawadar ta koɗe, yana cikin littafin da Inna ke ajiye katin asibiti. In babu shaida babu zama. Wannan dokar tana rage maka 'yan tambaya, domin mai karatu zai ce to me ya hana kowa yi? Amsa: mutane nawa ne suka ajiye rasiɗin shekara ashirin?

Mataki na huɗu: ruwa, wuri da lokaci

Ana ɗebo ruwan daga Kogin Kaduna, rabi daga gaɓar arewa, rabi daga gaɓar kudu, rana ɗaya, mai zaman da kansa, kuma da ƙafa zai tsallaka gada, ba a Keke Napep ba. Lokacin hunturu ya fi, sa'ad da ruwa ya ja baya duwatsu suka fito, hazo ya sa ba ka ganin ɗaya gaɓar sosai. Ka ba wannan tafiyar shafi guda. Mutumin da ya tashi daga Tudun Wada ya tsallaka zuwa Kakuri da galan a hannu, ya wuce katangar masaƙar da ciyawa ta cinye, ya riga ya fara ganawar tun kafin dare ya yi.

Idan kana son wurin da za a fara jin labarin zaman, garin ya tanadar maka. Akwai tsohuwar tashar jirgin ƙasa ta kudancin kogi, inda layin da ya taso daga Legas zuwa Kano ya haɗu da wanda ya nufi Kafanchan ya gangara gabas. Tun da aka buɗe jirgin Abuja a Rigasa a 2016 hankalin mutane ya koma can, don haka tsohon ma'aikacin reluwe da ke zaune a inuwa ba shi da aiki sai ba da labari. Akwai kuma 'yar gadar ƙarfen nan ta Gwamna Lugga da ke lambun Gamji. A Zungeru aka gina ta a 1904, lokacin can ne hedikwatar Arewa. Hedikwata ta dawo Kaduna a 1917, daga baya ita ma gadar aka kwance ta aka kawo ta nan aka sake ɗaurawa. Gada ce da ta yi rayuwa biyu a gari biyu. Ni dai ban ga dalilin da marubucin Kaduna zai tafi aron kogon dutse daga wata ƙasa ba.

Zaman kansa a ɗaki ake yi, ɗaki mai ƙofa ɗaya, a gidan da mutum ya kwana daren mararrabar in yana nan. Bayan sallar isha'i, lokacin da unguwa ta fara yin shiru amma mai shayi bai tashi ba. Ba na son ƙarfe biyun dare, an cika amfani da shi. Ya fi daɗi a ce ana jin rediyon maƙwabta yana karanta sanarwar ɗaurin aure yayin da mutum ke magana da kansa.

Mataki na biyar: shimfiɗa da kira

A jingina madubi da bango. A shimfiɗa tsohuwar tabarma a gabansa, tazarar kamu biyu. Sabuwar kuma a shimfiɗa ta a bayan mai zaman, a wurin da zai iya hango ta ta cikin madubi kawai. Fitila a ƙasa, ta gefen hagu, a baya kaɗan, a rage lagwani har fuska ta zama da ƙyar ake gane ta. Tasa tsakaninsa da madubi. Ya ɗaura zare a babban yatsan ƙafarsa ta dama, wadda ya ɗora a matakala, a ja zaren ta ƙarƙashin ƙofa zuwa hannun Yaya. Ta rufe ƙofa daga waje, ta juya baya.

Sai ya ɓara goro. Ɓari ɗaya a hannunsa, ɗayan ya miƙa hannu baya ya ajiye a kan sabuwar tabarma ba tare da ya juya ba. Ya sa shaidar cikin ruwan tasa. Sannan ya ba da labarin ranar da babbar murya, dalla-dalla, tun daga kalar rigar da ya sa har abin da yaron mota ya ce. In ya iso daidai wurin, sai ya faɗi abin da bai faru ba kamar ya faru: "Na ɗora ɗaya ƙafar. Na shiga. Na zauna kusa da taga." Ya yi shiru, ya kafa wa idonsa ido a madubi.

Ba fuskarsa ce za ta fara canzawa ba. Tabarmar baya ce za ta lotsa, irin lotsawar da take yi in an zauna. Ka ba mai karatu wannan kafin komai.

A nan akwai gaskiyar da ya kamata a sani. A 2010 wani masanin halayyar ɗan Adam ɗan Italiya, Giovanni Caputo, ya sa mutum 50 kallon fuskarsu a madubi cikin dusasshen haske na minti 10. Mafi yawansu sun ga fuskar ta jirkice, wasu sun ga baƙuwar fuska, wasu ta iyayensu, wasu ta dabba. Ido ne da ƙwaƙwalwa ke haka idan an tsayar da kallo wuri ɗaya ga haske bai isa ba. Wato wanda ya ce zai gwada a ɗakinsa yana iya ganin wani abu, kuma ba kowa ba ne ya zo. Ban yarda mai sabon rashi ya gwada ba, ko wanda barci ke yi wa wuya, ko mai yawan waswasi. Wanda kuma da-na-sani ta hana shi ci da barci, ba madubi yake buƙata ba, ya nemi likita, ga asibitin tarayya na lafiyar ƙwaƙwalwa nan a Barnawa. Likitocin fannin ma suna da wata dabara makamanciyar wannan, ta sa mutum ya yi wa kujerar da ba kowa a kai magana, wadda Fritz Perls ya shahara da ita, amma da ƙwararre a ɗakin ake yi.

Ga 'yan daɓe, ku cire gilashin ku bar katakon madubin kawai, ku zuba ruwan famfo, kada kowa ya je bakin kogi. Ku nemo 'yan wasa biyu masu tsayi ɗaya, ba sai sun yi kama ba. Abin da zai sa 'yan kallo su yarda shi ne ɗabi'a guda da dukansu ke yi ba su sani ba, kamar murza kunne kafin a yi magana.

Mataki na shida: hira

Dokokin kaɗan ne. Ba a juyawa, ta madubi ake kallon baƙo. Ba a taɓa shi. Ba a tambayar abin da zai faru gobe, shi ma bai sani ba. Kuma tambaya bashi ce: duk wadda ka yi, shi ma yana da ɗaya a kanka, dole ka amsa da gaskiya. Wanda ya yi ƙarya, fitila za ta yi tsalle ta cinye kananzir.

Kuskuren da aka fi yi a nan biyu ne. Wasu su mai da baƙon dodo mai jan ido, wasu kuma su mai da shi attajirin da a ɓoye yake kuka, don a kwantar wa jarumi da hankali cewa gara talaucinsa. Na biyun ya fi ɓata mini rai, domin rarrashi ne na arha. Ka bar baƙon ya zama mutum lafiyayye, ya yi ƙiba kaɗan, shaddarsa ta sha guga, Hausarsa ta ɗan gauraya da ta 'yan ci-rani, kuma bai yi nadamar shiga motar ba. Shi ma yana da tasa fitilar a can, don haka a ganinsa kai ne baƙon.

"Auta? Kai ne ka rame haka?"

"Malam, sannu da zuwa."

"Malam kuma? Ni ne fa."

Bahaushe ba ya faɗa wa magana ba gaisuwa, ko da kansa yake yi, don haka ka bar su su ɓata minti biyu masu tsada a kan gajiya da sanyi da iyali. Mai karatu yana kallon kananzir yana cizon yatsa. Sannan a zo wurin.

"Ya Inna?"

"Tana nan. Gwiwa ce dai ke damunta."

"An yi mata aikin ke nan."

"An yi. Wata huɗu da saukata na turo kuɗin, aka kai ta Zariya."

Kada ka sa Auta ya fashe da kuka nan take. Ka sa ya tambayi wani abu maras muhimmanci, ko har yanzu tana sa kanwa da yawa a miyar kuka. Kuma yanzu ana bin sa tambaya biyu. Baƙon ya dubi bayan hannun Auta, inda aka yi wasu karkatattun haruffa da biro.

"Wa ya yi maka zane a hannu?"

"Autata ce. Tana koyon rubuta sunanta."

"Da wa ka haife ta?"

"'Yar gidan mai gawayi. Wadda ta riƙa kawo mana abinci kwanakin zaman makokin Inna."

Baƙon ya yi ta lalube a ransa bai tuna yarinyar ba. Ai babu zaman makoki a tasa duniyar, ba ta shigo gidan da kwano ba, ba su haɗa ido a zaure ba. Yana da nasa 'ya'yan, yana son su, amma 'ya'yan Auta huɗun nan a can ba a haife su ba, ba kuma za a haife su ba. Wannan lissafin shi ne ƙashin bayan zaman gaba ɗaya, kuma kai marubuci dole ka zauna ka yi shi da takarda kafin ka rubuta layi ɗaya: duk abin da ya faru kafin mararraba nasu ne su biyu, duk abin da ya biyo baya na ɗaya ne kawai. Auren da aka ɗaura, haihuwa, tabon da ke ƙafa, bashin da ake bi, wanda ya mutu da wanda ya rayu. Ka zana layi biyu ka cika su. In ka yi sake baƙon ya san sunan yaron da aka haifa bayan rabuwa, masu karatu za su kama ka, kuma ba sa yafe irin wannan.

Ka ba baƙon nasa ramin, amma ƙarami, wanda shi kansa bai san yana da zurfi ba. Inna yanzu Alhaji take ce masa, sau ɗaya yake ganin ta a shekara, da babbar sallah. Sai Yaya ta yi tari a bayan ƙofa, ya ɗaga kai.

"Yaya ce?"

A can, shekara tara ke nan ba sa ga-maciji, a kan kuɗin ginin da ya turo. A nan ga ta zaune a ƙasa cikin sanyi tana riƙe wa ƙaninta zare.

Mataki na bakwai: tayi

In wutar ta fara ja tana ƙanƙancewa, lokacin tayi ya yi. Kowannensu na riƙe da ɓarin goro. Idan kowa ya ci nasa, an rabu lafiya. Idan suka yi musaya, wato mai zama ya miƙa nasa baya, aka sa masa wani a tafin hannu, suka ci, to sun yi musayar wuri. Na can ya dawo nan, na nan ya tafi can.

Tayin ba ya zuwa da mugunta. "Je ka gan ta mana. Dare ɗaya. Gobe ka sake kunna fitila mu koma." Wataƙila har zuciyarsa haka yake nufi. Amma rasiɗin ya riga ya narke a tasa, kuma mararraba sau ɗaya ake zama a kanta. Auta ya sani, mai karatu ya sani. Shi ya sa na ce a faɗi dokar tun farko, don a nan ba ka da lokacin bayani.

Yaya tana da ikon jan zare sau ɗaya tak. Ja ne kawai, tunatarwa, ba ya fito da kowa. Lokacin da za ta ja, da wuri ko a makare, yana hannunka. Kuma a daidai nan nake so ka fitar da mai karatu daga ɗakin ka ajiye shi bayan ƙofa tare da ita. Ya ji ƙarar tauna goro, ya ga hasken ƙarƙashin ƙofa ya mutu, bai san ɓarin wa aka ci ba.

Mataki na takwas: tambayar ƙofa

Fitila ta mutu, an ƙwanƙwasa daga ciki. Yaya ba ta buɗewa sai ta yi tambayar da ta ɓoye. Yawancin marubuta a nan sukan sa ta tambayi wani sirrin yarinta, sunan da kaka ke kiran sa da shi ko ranar da ya faɗa rijiya. Wannan banza ce, baƙon ma ya faɗa rijiyar. Tambayar dole ta fito daga bayan mararraba, kuma ta zama abin da ba zai taso a hirar minti ashirin ba. Shi ya sa ko Auta ba a gaya masa, don kada a tatse shi a ciki.

"Auta, ranar sunan 'yarka ta fari, me ragon ya yi?"

Wanda ya zauna a Tudun Wada zai yi dariya duk da halin da yake ciki. Ragon ya tsinke igiya da asuba, aka bi shi da gudu har layin masu gwanjo, liman na zaune yana jira. Idan amsar ta fito haka, ta buɗe, a kwance zare, a zubar da ruwan a gindin bishiya, sabuwar tabarma a bayar sadaka, kada a ƙara zama a kanta a gidan. Ka kuma bar masa wani abu da ya canza, ko da ƙarami. Mutumin da ya ji cewa akwai inda uwarsa ke ƙorafin gwiwa ba zai tashi da safe kamar jiya ba.

Idan kuwa aka yi shiru a bayan ƙofa, sannan murya ta ce, "Yaya, buɗe mana, ni ne," to ka sami littafi na biyu. Zaɓi yana wurinta. Tana iya ƙin buɗewa, amma har yaushe, ga yara za su tashi makaranta? Tana iya buɗewa ta yi kamar ba ta gane ba, ta riƙa koya masa sunayen 'ya'yansa a fakaice. Jininta ne, ciki ɗaya suka fito, yatsansa zai buɗe wayar Auta, hotonsa ne a katin zaɓe. Sai dai bai taɓa biyan sadakin matar da ke ɗaki ba, ba shi aka ɗaura wa aure ba. Ka tura Yaya wurin malamin unguwa da wannan tambayar a lulluɓe, ta ce wata ƙawarta ce abin ya sama, ka bar malam ya yi ta juya littattafai yana neman babin da zai sa ta.